Dogon da Aka Binne a Titin Hyde

Ina aji huɗu a firamare Inna, mahaifiyar Abbanmu, ta zo mana Manchester daga Kano. Cewa aka yi 'yan watanni za ta yi, ta taya Umma renon ƙanwata Asma'u ta koma, sai ga shi watannin sun zama shekaru. A unguwar Gorton muke zaune lokacin, cikin jerin gidajen nan na jan bulo masu manne da juna, waɗanda in maƙwabci ya yi tari kana jin sa ta bango amma ba ka san sunansa ba. Abba likita ne, rabin kwanansa a asibiti yake yi. Umma kuma tana aikin akanta da rana, da yamma ta shige ɗaki a sama tana karatun jarrabawa. Da zarar mun watse da safe, gidan sai ya rage daga Inna sai jaririya.

Ban san nauyin wannan ba sai da na girma. Inna daga Fagge ta fito, daga gidan da ba a rufe ƙofarsa sai bayan Isha, inda kafin ta gama karin kumallo mutum nawa sun yi sallama. A Gorton kuwa sai ta wuni a bakin taga tana kallon ruwa na sauka a kan motocin da aka jera. Na taɓa ji tana ce wa Umma garin nan ko kare bai isa ya fita gaisuwa ba sai an riƙe masa igiya. Umma ta yi dariya, ni ma na taya ta. Yanzu in na tuna, ba dariya nake ji ba.

Ga kuma wani abu. Abba shi ne ɗanta na fari. Ba ta faɗin sunansa, ba ta zama hira da shi, in ya durƙusa gaishe ta sai ta kawar da kai ta amsa a taƙaice. In tana son wani abu a wajensa sai dai ta bi ta kan Umma, ko ta haƙura. Ni da aka haifa a nan na ɗauka faɗa suke yi, sai da Umma ta zaunar da ni ta yi mini bayanin kunyar ɗan fari.

Lokacina da ita shi ne bayan Magariba. A falo akwai wata tsohuwar wutar gas a jikin bango, sai an murɗa ta an danna tana ƙas-ƙas kafin ta kama. Inna ba ta yarda da kujerun falon ba. Darduma take shimfiɗawa a gaban wutar, ta miƙe ƙafafu cikin safa mai kauri, ta ɗora Asma'u a cinya, ni kuma in raɓa a gefenta ina jin ƙamshin man zafin da take shafawa a gwiwa. Ta ce a gida ba a tatsuniya da rana, amma tunda a nan lokacin sanyi duhu na rufawa mutum bai gama addu'ar La'asar ba, ta samu rangwame. Dokarta ɗaya ce: a gaban wutar nan ba Turanci. In na manta na yi tambaya da Turancinmu na 'yan Manchester sai ta zama kurma, har sai na lalubo Hausar.

Tana da irin tata buɗewar. Sai ta karkatar da kunne wajen ƙofa ta ce, "Ga wata can ta iso, tana rawar sanyi. A buɗe mata ko ta wuce?" In ce a buɗe mata. Daga nan sai kura da zomo da 'yan matan da suka je rafi su cika mana falo. Ban taɓa ganin kura ba, ban san rafi ba, amma a bakinta na san su duka.

Labarin da ya fi zama mini a rai kuwa ba daga Kano ta zo da shi ba. A bakin titi ta tsince shi.

Wata Asabar muna dawowa daga kasuwar Gorton ni da ita, muka tarar 'yan council, ma'aikatan ƙaramar hukuma, sun fasa titin Hyde suna gyaran bututu. Inna ta tsaya cak a jikin shingen da suka kafa. A cikin ramin, ƙarƙashin kwalta, ga wasu dogayen ƙarafa biyu kwance a jere tsakanin duwatsu, duk sun yi tsatsa. Ni ban ga abin kallo ba. Ita kuwa matar ma'aikacin reluwe ce. Marigayi kakanmu ya yi aiki a tashoshi daga Zariya har Nguru, kuma duk inda aka kai shi tana biye da shi. Ta ce, "Kulu, wannan ai dogo ne. Wa ya binne dogo a tsakiyar titi?"

A gefenmu akwai wata tsohuwar Baturiya dogare da sanda, ita ma ramin take kallo. Na gane ta, ita ce ta gida na biyu daga namu, wadda kullum labulenta a sauke yake. Inna ta nuna mata ƙarafan ta ce, "Reluwe." Matar ta girgiza kai ta ce, "Tram, love," sannan ta ɗaga sandarta ta ja layi a iska, alamar waya. Ta ce in gaya wa kakata mahaifiyarta ta yi aiki a cikinsa. Na gaya mata. Sai Inna ta karɓi jakar cefanen matar ta miƙo mini, muka taho gida mu uku, a hankali, da tafiyar mai sanda.

Sunanta Hilda. Bakin Inna bai iya shi ba, sai ta mayar da ita Hindatu, matar kuma ta amsa sunan har ƙarshen ranta. Mijinta ya daɗe da rasuwa, ɗanta guda yana can kudancin ƙasar, sai Kirsimeti yake leƙowa. Daga wannan makon, in mun fita, Inna sai ta goya Asma'u ta ɗauki ƙosai a kwano ta tafi gida na biyu. Yadda suke fahimtar juna har yau ban sani ba. Inna na da ɗan Turancin da ta tsinta a kwatas ɗin reluwe, Hindatu kuma kunne ɗaya ne ke mata aiki. Saura duk da hannu suke yi, da tsofaffin hotunan da Hindatu ke ajiyewa a gwangwanin biskit. A haka Inna ta riƙa kwaso labarin guntu-guntu, inda ta ga giɓi ta cike da nata, har wata yamma ta karkatar da kunne wajen ƙofa ta ce mini yau baƙuwar 'yar garin nan ce.

A da can, in ji ta, ƙananan garuruwan da ke gabas da Manchester kowanne zaman kansa yake yi, su Denton da Hyde da na gindin tsaunuka. Kowane gari da masaƙarsa da dogon bututun hayaƙinsa. Mai hali ya hau keken doki, talaka ya taka da ƙafa cikin taɓo. Jirgin ƙasa yana nan, amma shi tasha ya sani, ba ruwansa da ƙofar gidan kowa. A wani ɗan ƙauye a kan tudu, gaba da Hyde, akwai wata mata mai 'ya ɗaya tilo, Annie, wadda Inna ke kira Hanne. Hanne ta yi aure a Gorton. In gari ya washe uwar na iya hango hayaƙin garin daga ƙofarta, amma ganin 'yar sai a babban biki ko jana'iza.

Sai wata shekara aka zo da maza da diga da shebur, suka fasa titi, suka shimfiɗa dogo, suka kafa turaka suka ja waya a sama daga gari zuwa gari. Aka kawo jirgi mai tarago ɗaya, mai hawa biyu, na saman ba rufi, da wani dogon ƙarfe a kansa yana lasar wayar yana zubar da tartsatsi. Ba doki, ba gawayi, ba hayaƙi. A nan Inna kan tsaya ta taɓa ni. "Ki ji fa, Kulu. Jirgi babu wuta a cikinsa, wutarsa na sama a miƙe kamar igiyar shanya." Jirgin waya take ce masa. Mutane suka tsorata, wasu suka ce wayar za ta tsinke ta ƙone gari, wasu suka ce shanu za su daina nono. Tsohuwar kan tudu ta rantse ba za ta taɓa shiga abin da ba a ga mai jansa ba, ko da yake ta gaban ƙofarta yake wucewa.

Shekaru tana kan bakanta. Hanne ce ke hawo jirgin ran Lahadi ta zo ta gan ta. To, Hanne ta daɗe ba ta samu haihuwa ba, da Allah ya kawo cikin kuma sai ya zo da wahala, ta daina iya tafiya. Ranar naƙuda abu ya tsananta, mijin ya fito titi ya tare jirgi ya ba direba saƙo. Wannan direba ya gaya wa na gaba a Hyde, na gaba ya haye tudu da shi, kwandasta ya sauka ya ƙwanƙwasa ƙofar tsohuwa. Ta fito da garin burodi a hannunta, ko mayafi ba ta ɗauka ba. Ta shiga jirgin, ta runtse ido, ta damƙe ƙarfen kujera, ba ta buɗe ba sai da aka ce mata ga Gorton. Ta iske 'yarta da rai, ta riƙe ta har aka sauka lafiya. "Jaririyar nan," in ji Inna, "ita ce Hindatun da kike gani da sanda."

Daga ranar tsohuwa ta zama 'yar jirgi, duk ranar kasuwa tana hanya. Sai babban yaƙi ya zo, aka kwashe maza har da mijin Hanne, aka rasa masu aikin jirgi, aka ɗauki mata. Hanne ta kai jaririyarta wajen uwarta a kan tudu, ta sa rigar aiki, ta rataya jakar tikiti. Ita ke jan igiyar ƙararrawa: bugu ɗaya a tsaya, bugu biyu a tafi. Ta roƙi a ba ta layin tudu, aka ba ta. Sau da dama a wuni takan wuce ta ƙofar gidansu, kuma kowane wucewa uwar na tsaye da jaririya a kafaɗa da gwangwanin shayi mai zafi a hannu. Ba tasha a wurin, amma direba yakan rage gudu, Hanne ta miƙo hannu ta karɓi mai zafin ta mayar da wanda ta shanye. Direban ma ana sam masa, don shi a tsaye yake tuƙi a gaba, ba gilashi, dusar ƙanƙara na daskarewa a gashin bakinsa. Mijin Hanne bai dawo daga yaƙin ba. Da sauran maza suka dawo aka sallami matan, ta ɗauki 'yarta suka koma Gorton ta shiga aikin masaƙa.

Daga baya bas ya shigo, shi ba ya buƙatar dogo ba ya buƙatar waya. Ɗaya bayan ɗaya aka riƙa rufe layukan, aka sauke wayoyi, aka zuba kwalta a kan ƙarafan. Bas ɗin kuwa sabuwar hanya ya bi ta gindin tudu, bai hau zuwa ƙofar tsohuwa ba. Lokacin gwiwoyinta sun gama aiki, ba ta iya gangarowa. Hanne na masaƙa duk mako, sai in ta samu sarari take zuwa. Tsohuwa ta ci gaba da fitowa ƙofa duk sanda iska ta taso, wai tana jin kukan waya. Wani lokacin sanyi ta kwanta ciwo, maƙwabta suka aika Gorton, saƙon bai isa ba sai da komai ya wuce.

Wutar gas na huci, Asma'u ta daɗe da yin barci. A nan Inna kan ce baƙuwa ta tashi, a rufe ƙofa, sanyi na shigowa. Sauran tatsuniyoyinta duk akwai mugu a ciki, kuma yakan ga sakayya. Wannan ban ga mugun ba, sai na tambaye ta ko bas ɗin ne. Ta ce, "Ba mugu a ciki. Kowa na da wurin zuwa ne, ban da ita."

Shekarar da na shiga aji shida, Hindatu ta faɗi a kicin ɗinta. Inna ce ta ga labulen da Hindatu ta koma ɗagawa kowace safiya bai motsa ba, ta je ta yi ta bugun ƙofa har wani maƙwabci ya kira motar asibiti. Shanyewar ɓarin jiki ce. Ba ta dawo gidan ba. Ɗanta ya zo daga kudu ya kwashe kayan, muna tsaye a ƙofa ya gaya mini an kai ta wani gidan kula da tsofaffi a Hyde, ya faɗi sunan wurin, ya gode wa Inna, ya rufe bayan mota ya tafi. Ba a jima ba aka kafa allon sayarwa a gaban gidan.

Inna ta koma bakin taga. Ta daina soya ƙosai. Da yamma in na ce kura nake so, sai ta ce kura ta yi tafiya, jirgin waya za a yi. Ta yi ta maimaita shi har na haddace. Na lura kuma duk yammar da Abba ke gida yana cin tuwo a teburin da ke bayan falo, muryarta takan ɗan ɗaga, musamman in ta zo wajen tsohuwar da ba ta iya gangarowa. Abba kuwa a gajiye yake dawowa. Yana ci yana gyangyaɗi, ya gama ya ce mata sai da safe, ta amsa ba ta juyo ba.

Wata Asabar Umma ta tafi suna da Asma'u, Abba na sama yana barci bayan aikin dare. Inna ta dama kunun gyaɗa ta zuba a filas, ta sa babbar rigar sanyinta a kan zani, ta ce in ɗauko tawa. Ta tambaye ni ko na riƙe sunan wurin da yaron nan na Hindatu ya faɗa. Na ce na riƙe. Na ce ko mu tashi Abba. Ta ce a bar shi, ya kwana yana tsaye.

Ba ta taɓa shiga bas ba tare da Umma ko Abba ba, ni ma ban taɓa wuce kasuwa ba babba ba. Na gaya wa direba inda za mu, ya ce zai yi mana magana in an zo kusa. Inna ta zauna jikin taga da filas a cinya, ta sa ni ina karanta mata alluna. Da na ce Denton sai ta gyaɗa kai kamar wadda aka ambata mata sunan ɗan'uwa. Ta riƙa kallon titi tana cewa dogon na ƙarƙashinmu, a kansa muke tafiya. Ni dai ina ta tunanin yadda za mu dawo. Direba ya sauke mu, muka ɓata hanya, muka yi ta zagaye cikin yayyafi, har wata mata mai kare ta raka mu ƙofar wurin.

Ma'aikaciyar da ta tare mu ta tambayi ko mu su wane ne. Kafin in buɗe baki Inna ta dafa ƙirji ta ce, "Friend." Aka kai mu wani babban ɗaki mai zafi, talabijin na ta magana ba mai kallo, tsofaffi jere a kujeru. Hindatu na can ƙarshe jikin taga. Ta rame, gefen bakinta ya karkace, hannu ɗaya a naɗe a cinya. Da ta ga Inna idanunta suka cika, ta yi ƙoƙarin magana, ba abin da ya fito sai wani sauti. Inna ta jawo kujera, ta zuba kunu a murfin filas, ta riƙa ba ta kaɗan-kaɗan tana goge mata haɓa da gefen mayafi.

Suka zauna har na fara gajiya. Sai na ji Inna ta soma magana a hankali, da Hausa, kusa da kunnen nan mai aiki. Labarin take ba ta, nata labarin, tun daga tudu da hayaƙi da maza masu diga. Hindatu ba ta jin ko kalma ɗaya, amma ta kafe ta da ido, in an ambaci Hanne ko Gorton sai ta motsa. Da Inna ta zo wajen ƙararrawa ta ɗaga hannu ta ja igiya a iska, sai Hindatu ta ɗaga hannunta mai lafiya ta bugi hannun kujera sau biyu. Inna ta yi dariya har da hawaye, ta ce mini, "Kin ji, ta ce a tafi." Ba ta kai labarin ƙarshe ba ranar. Ta tsaya a wajen gwangwanin shayi.

Duhu ya fara lokacin da muka sauko daga bas a Gorton. Abba na tsaye a ƙofar gida ba rigar sanyi, da makullin mota a hannu. Ya zagaya kasuwa, ya je masallaci, ya buga wa duk wanda ya sani, saura kaɗan ya kira 'yan sanda. Ban taɓa ganin fuskarsa haka ba. Sai da Inna ta zauna a dardumarta ya durƙusa daga nesa kaɗan, ya tambayi inda muka je, na faɗa masa.

Ya ce, "Hajiya, da kin faɗa mini ai da na kai ki."

Inna na kallon wuta ta ce, "An faɗa."

Ya ce, "Yaushe?"

Ta ce, "Tun farkon sanyin nan ake faɗa. Ana cin tuwo ne."

Abba ya daɗe a durƙushe. Sannan ya tashi ya shiga kicin, na ji ya buɗe famfo ya bar shi yana zuba. Daga wannan makon, duk Lahadin da ba ya aiki yakan fito da mota, Inna ta shiga baya da filas ɗinta, su tafi Hyde ba mai ce wa wani uffan. A mota yake jiranta. Haka suka yi har Hindatu ta rasu, kafin wani sanyin ya zagayo. Ba a daɗe ba Inna ta gaya wa Umma a gaya wa Likita tana son komawa gida. Bai yi musu ba.

Na ƙara ganinta a Fagge lokutan hutu, tsakar gida cike da jikoki, muryarta ta dawo. Labarin rasuwarta ya same ni ne a wani ɗan ɗakin ɗalibai a Perry Barr, shekarata ta farko a jami'a a Birmingham. Kafin Abba ya gama gaya mini a waya an riga an kai ta. Na zauna a bakin gado ina jin 'yan ɗakin kusa suna dariya, ba wanda zan gaya wa da zai san ko wace ce.

Daga baya na nemi tarihin jirgin a littattafai, na je gidan tarihi na ga irinsa a tsaye, an goge shi yana ƙyalli, ya fi yadda nake zato ƙanƙanta. Na tarar yawancin abin da Inna ta faɗa haka yake: layuka sun haɗa garuruwan nan har mutum kan yi nisa yana sauka daga wannan yana shiga wancan, mata sun riƙe aikin lokacin yaƙi, kuma duk abin bai kai tsawon ran mutum ɗaya ba ya zo ya wuce. Maganar shanu da nono ban same ta ba, ina jin ta Inna ce. Ina yarinya na ɗauka labarin jirgi ne. Da na fara girma na ce labarin yadda sabon abu ke ture tsoho ne. Yanzu abin da nake gani shi ne, akwai mutanen da ba za su taɓa buɗe baki su ce a zo a gan su ba, ko don kunya, ko don kada su zama nauyi. Sai dai su ba ka labarin wani, su jira su ga ko za ka ji.

Abba ya rasu shekarun baya. Asma'u ta yi aure tana Kaduna. Ni ina Balsall Heath a Birmingham da maigidana da yaranmu, ina aikin haɗa magani. Umma ita kaɗai ce a gidan nan na Gorton, ta ƙi tashi, wai ta saba da GP ɗinta, likitan unguwa, da masu kifi a kasuwa. Kwanan baya ta kira ni ina tsakiyar girki. Bayan gaisuwa sai ta kama ba ni labarin wata Hajiya da suke zuwa karatu tare, yadda 'yarta ta zo daga London ta kwana biyu, ta sauya mata labule, suka je kasuwa tare suka sayo kaza. Ta bi labarin daki-daki, har launin labulen ta faɗa mini. Na rage wutar tukunya na tsaya ina saurare har ta gama.

Na ce, "Umma, ran Juma'a in na tashi aiki zan shigo jirgin ƙasa."

Ta ce, "Ni ban ce ki zo ba. Ga yara, ga aiki, ga sanyi."

Na ce na sani.

Ina jin numfashinta a waya. Sannan ta ce, "Miyar kuka za ki sha ko ta kuɓewa?"